Kukan da Kyamara Ba Ta Ji Ba

Fim goma sha huɗu Anestis Kurakos ya yi a rayuwarsa, kuma a farkon kowanne sau uku sunansa yake fitowa: shi ya rubuta, shi ya ba da umarni, shi ya ɗauki nauyi. Wuƙa da nama duk suna hannunsa. Abokan sana'arsa masu zaman gidan gahawa a Atina sukan ce da ana rubuta sunan wanda ya yi shara, da nan ma nasa za a gani. Ba wasu finafinan a zo a gani ba ne. Labarin marainiya ne, ko na matuƙin jirgin ruwa da ya dawo ya tarar uwarsa ta makance, irin waɗanda mata ma'aikatan masaƙa ke shiga ranar Lahadi da hankici biyu. Goma sha uku daga ciki, in ka taɓo shi, zai ba ka labarinsu har gahawarka ta huce. Na uku ne kawai ba ya son a ambata, alhali shi kaɗai jarida ta taɓa yabawa. Kunyarsa yake ji, kuma ya kamata ya ji.

Ɗan yankinmu na Mani ne, can kudancin ƙasar, nesa da Atina, daga wani ƙauye da ke maƙale a jikin dutse yana kallon teku, inda ko akuya sai ta yi shawara kafin ta sa ƙafa. Ubansa ya rasu yana ɗan shekara shida, ya bar uwarsu, Kira Potitsa, da 'ya'ya uku: Lias babba, sai Stamata, sai Anestis auta. Ba ta da wata gonar kirki, ba ta iya karatu ba, amma duk gidan da aka yi mutuwa a ƙauyuka bakwai, ita ake aika wa jaki. A wurinmu mata ba sa kukan gawa da ka. Zama suke yi su kewaye mamaci, ɗaya ta kwance gashinta ta fara rera masa magana, nan take take ƙirƙira ta, ta kira sunansa, ta faɗi gidansu da abin da ya bari, sauran suna amsa mata. Maza suna tsaye a waje, ko tari ba mai yi. Namiji ba ya katse mai kuka ko da gidansa ne ke cin wuta, kuma kukan da mace ta yi wa wani mamaci ba ta sake maimaita shi da bakinta. Kira Potitsa in ta fara, har waɗanda suka zo don a gan su sai sun jiƙa ɗankwali.

Mamaci ɗaya ne ba ta yi wa kuka ba, shi ne ɗanta. Lokacin yaƙin basasa Lias ya bi 'yan tawayen da ke cikin duwatsu, ɓangaren da aka ci da yaƙi, ƙauyen kuwa kusan kowa na sarki ne. A shekarar 1949 labari ya zo a bakin wani mai tallan gishiri cewa ya faɗi can duwatsun arewa, kusa da kan iyaka. Babu gawa, babu kabari, ba a kaɗa ƙararrawar coci ba. Ɗan sandan ƙauye ya zo har ƙofa ya ce in ya ji murya ta tashi daga gidan nan, to sauran 'ya'yan biyu su ɗaure kayansu. Ta haɗiye abinta. Da ma baƙaƙen kaya take sawa tun rasuwar miji, saboda haka ko a tufafi ba a ga an ƙara mata mutuwa ba.

Da shekara ta zagayo Anestis ya tafi Atina. Ya ja wayoyin wuta a wurin masu fim, ya ɗauki fitilu, ya goge harshensa har ba ka jin Mani a ciki. Da ya ga hannunsa ya faɗa, sai ya sayar da rabonsa na itatuwan zaitun ya yi fim ɗinsa na farko. Yadda ake aiki a lokacin kuwa, kyamara hoto kawai take ɗauka. Ƙara gare ta kamar injin niƙa, ba a iya ɗaukar murya kusa da ita. 'Yan wasa suna motsa baki, mai ba da umarni yana tsaye yana ta ihu a kansu, matsa nan, dubi can, daga baya a koma wani ɗaki mai labule a Atina a ɗora muryoyi. Sau da yawa mai fuska daban, mai murya daban. Duk wanda ke sana'ar ya san haka. Mutanen ƙauye ba su sani ba, ba kuma wanda ya taɓa damuwa ya gaya musu.

Fim na uku labarin wani masunci ne mai suna Markos da teku ta ci, kuma akwai wurin da uwarsa za ta yi masa kuka. Mata uku Anestis ya gwada a Atina, kowacce ta fi 'yar'uwarta muni.

"Wannan ba kuka ba ne, kyanwa aka taka wa jela," in ji Mastro Mimis, tsohon da ke masa ɗaukar hoto, mutum mai ƙaton ciki da ba ya ɓoye abin da ke ransa.

"Bari, za ka ga kuka," in ji Anestis. "Ai uwata tana nan da ranta."

Cikin watan Oktoba na 1963 suka loda kaya a wata tsohuwar mota, da akwatin gawa da kafinta ya haɗa musu, suka nufi Mani. Ya tarar da uwarsa a tsakar gida tana tsince zaitun cikin kwando, Stamata tana gefenta. Sai da ya ci burodi da cuku, ta gama yi masa faɗan ramar da ya yi, sannan ya kawo maganar.

"Ka haukace ne, auta?" ta ce. "A kan mai rai zan yi kuka? Shekara goma sha uku kana birni, abin da ka koyo ke nan, ka kira wa ɗan mutane mutuwa?"

"Ba wanda zai kwanta, Inna. Masuncin teku ce ta cinye shi, ba a ga gawarsa ba. Akwatin ba kowa a ciki."

Hannunta ya tsaya cikin kwandon.

"Ba kowa a ciki?"

"Ba kowa."

Ta ture kwandon gefe. Can ta ce, "Wannan injin naka, abin da aka faɗa a gabansa yana riƙewa?"

Nan ne wurin da ɗan kirki zai ce a'a. Kalma ɗaya ce, ba ta da nauyi. Amma ya riga ya hango fuskar nan tata a faɗin allon silima, ya hango 'yan zaman gahawa sun yi gum.

"Yana riƙewa, Inna."

"Ina da ina ake kai shi?"

"Ko'ina. Duk garin da ke da silima."

"Har arewa? Har garuruwan da ke gindin duwatsun nan?"

"Har can."

"To, jibi," ta ce. "Stamata, je ki gaya wa matan."

Kada wani ya ce bai gane ba. Ya gane sarai wanda za a yi wa kuka a kan akwatin nan, ya kuma gane inda take so muryar ta kai. Stamata ta yi masa wani kallo a bakin ƙofa, ya sunkuya yana gyara igiyar takalmin da ba ta kwance ba. Mastro Mimis, wanda ya ji komai daga inda yake zaune, ya ja shi bayan mota.

"Kai, ka gaya wa tsohuwar nan injin kurma ne?"

"Zan gaya mata."

"Yaushe?"

"Bayan an gama."

"Bayan an gama! Uwarka ce dai, ba tawa ba. Ni tawa ta mutu ban taɓa yi mata irin wannan ba."

Akwai rikodar ɗaukar murya da za a iya arowa a Atina, amma kwana biyu zuwa ne, kwana biyu dawowa, jarumin fim ɗin kuma dole ya koma ranar Litinin. Anestis ya lallashi kansa da cewa zai kasa kunne ya haddace abin da za ta faɗa, ya sa a maimaita shi kalma da kalma. Shi da ke rubuta fim guda cikin mako ɗaya, mene ne kukan tsohuwa?

Ranar da aka sa, da hantsi, aka ajiye akwatin a tsakar gida saboda haske. Mata goma sha ɗaya suka zo cikin baƙaƙen kaya, kuma daga yadda suka shigo ba gaisuwa, ka san ba fim ya kawo su ba. Kira Potitsa ta fito daga ɗaki da wata rigar ulu a ninke, ta buɗe akwatin ta shimfiɗa ta a ciki, ta rufe. Ta zauna, ta ture ɗankwali, farin gashinta ya zubo. Mimis ya kunna kyamara, ƙararta ta cika gidan. Sai ta kira sunan.

"Lias!"

Shekara goma sha huɗu ba a furta sunan nan da ƙarfi a ƙauyen ba.  Da Anestis ya bar ta haka, da ko ba komai ya ji. Amma sabo turken wawa ne. Idonsa ya kai ga wani gajimare da ke tahowa, ya tuna zaren fim ɗin da ke cikin kyamara minti huɗu kacal yake ci, ya ga kan tsohuwar ya sunkuya har inuwa ta rufe mata ido. Bakinsa ya yi abin da ya saba.

"Ɗaga kai, Inna! Juyo wajen rana! Kai, Inna, ɗaga kanki, ba a ganin idonki!"

Matan goma sha ɗaya suka juyo gaba ɗaya suka dube shi. Wata tsohuwa ta yi alamar gicciye a ƙirjinta. Ita kuwa Kira Potitsa ba ta tsaya ba. Ta ɗaga kan kamar yadda aka ce, ta juya wajen rana, ta ci gaba.

Zaren ya ƙare, suka sa wani, shi ma ya ƙare, na uku kuma na wani wuri ne da ba a ɗauka ba tukuna. Anestis ya yi wa Mimis alama ya kashe. Tsohon ya ƙi. Ya bar injin yana juyawa ba komai a ciki, ya manna idonsa a jikinsa, hawaye yana bin gemunsa, don kada matar ta ji ƙarar ta ɗauke ta san an daina. Kusan awa guda ta yi tana kuka a gaban kyamarar da ba ta ji, ba ta kuma gani. Shi mai haddacewa kuwa, rabin hankalinsa yana kan gajimare, rabi yana kan abin da bakinsa ya aikata. Da aka gama, in ban da sunan yayansa ba abin da ya zauna masa a ka.

Mata biyu suka kama ta suka kai ta ɗaki. Muryarta ta dishe, da kyar ya ji ta da ya shiga sallama washegari.

"Na sauke," ta ce. "Sauran aiki naka ne. Ka kai masa."

Ta cusa masa ƙullin busasshen ɓaure a aljihu. Ya karɓa, ya sumbaci hannunta, ya kama hanya.

A Atina ya zauna da takarda wata rana da azahar ya rubuta wa bakin uwarsa magana. Wayyo Markos, wayyo hasken idona, teku ta ci amanata, irin dai abin da ya saba. Aka kira wata mai murya daga gidan rediyo, mace mai kirki da ba ta san komai ba, tana cin burodi mai riɗi tsakanin ɗauka da ɗauka. Ta dubi allon ta ce, "Kai, wannan tsohuwa ta iya wasa! A ina ka samo ta?" Ya ce wata 'yar ƙauye ce da suka tsinta a hanya. Haka ya gaya wa ɗan jaridar da ya rubuta cewa fuskar tsohuwar nan ta fi duk fim ɗin daraja. Ya yanke shafin ya ajiye, amma bai taɓa iya karanta shi sau biyu ba.

Shekara biyu bai je gida ba. Stamata takan sa malamin makaranta ya rubuto masa: Inna tana tambaya ko ya kai arewa. Ya amsa cewa ya kai, an nuna shi a garuruwa kaza da kaza, ya jera sunayensu. Gaskiya ce, hoton ya kai. Aka karanta mata sunayen garuruwan, ta sa aka sake karantawa, ta je coci ta kunna kyandir.

To, rana ba ta ƙarya, sai dai uwar ɗiya ta ji kunya. Cikin watan Agusta na 1965, lokacin idin Budurwa Maryamu, wasiƙa ta zo cewa mai majigin da ke yawo ƙauye-ƙauye da janareto zai zo, kuma duk gari sun roƙe shi ya kawo fim ɗin ɗan Kira Potitsa. Anestis ya bar aikin da yake yi ya kama hanya. Ya iske mutumin yana rataye barguna a tagogin makaranta don a samu duhu, ya roƙe shi ya sa wani fim ɗin.

"Wane wani?" in ji mai majigi. "Mutane tun daga ƙauyuka uku suka taho a kan alfadarai. So kake su jefa ni teku? Kai ma dai, wa ke ɓoye abin alfaharinsa!"

Saura hanya ɗaya, ya gaya mata kafin su isa. Ya riƙe mata hannu daga gida zuwa makaranta, tafiyar da ba ta fi taku ɗari uku ba. Ta sa sabon ɗankwali. Sau uku yana buɗe baki. Na farko ya ce hanyar ta lalace, na biyu ya ce ana zafi bana, na uku suka iso ƙofa.

Aka ba ta kujerar malami a gaba. Ɗakin ya cika maƙil, har tsohon ɗan sandan nan yana nan, ya yi ritaya ya zama mai sayar da taba. Aka yi ta kallo ana cin ƙwayar kabewa, ana yi wa jarumin tsiya saboda yadda yake riƙe koma, an ga bai taɓa kama ko ƙaramin kifi ba. Sai ga tsakar gidansu a jikin farin zane. Ga akwati, ga matan, ga Kira Potitsa ta ture ɗankwali. Ɗakin ya yi tsit. Matan da suka san abin da ke tafe suka kama hannun juna. Bakin da ke kan zanen ya buɗe, sai wata siririyar muryar birni ta fito.

"Wayyo Markos! Wayyo hasken idona!"

 Can daga baya wani ya ce, "A'a! Kira Potitsa ta koyo maganar Atina!" Aka fashe da dariya. Ba dariyar mugunta ba ce duka, wasu mamaki ne ya sa su, amma dariya dai dariya ce. Tsohon ɗan sandan har da buga cinya. Anestis ya ji da ƙasa za ta tsage da ya shige ya ja ta ya rufe.

Ta miƙe tsaye, inuwarta ta faɗa kan fuskarta da ke jikin zanen.

"Wace ce wannan a cikin bakina?" ta ce.

 Ta juya ta fita, mutane suna janye ƙafafu. Ya bi ta. A waje rana tana nan tsaka, ta tsaya gindin wani itacen zaitun ba ta dube shi ba.

"A arewa ma wannan suka ji?"

"Shi suka ji, Inna."

"Sunansa fa?"

"Injin ba ya ɗaukar murya. Ko kalma ɗaya bai ɗauka ba."

"Ka san haka ranar da na tambaye ka?"

"Na sani."

Ya jira ta tsine masa. Uwayen Mani sun iya tsinuwa, kuma da ta yi da ya samu abin riƙewa. Sai ta gyara ɗankwalinta kawai.

"Akwai wake a tukunya," ta ce. "In za ka koma yau, ka ci kafin motar ta zo."

Daga ranar ba ta sake yi wa kowa kuka ba. A aiko da jaki, ta mayar da shi. Ta je gidan mutuwa ta zauna cikin masu amsawa, bakinta a rufe. Mutane suka ce ɗanta ya cinye mata murya, kuma in ya zo ƙauye, tsofaffin mata sukan amsa gaisuwarsa suna kallon wani wuri.

Ya ci gaba da sana'arsa, don ciki ba ya jiran mai kunya. Ya yi wasu goma sha ɗaya, marayu da matuƙan jirgi, amma bai sake sa jana'iza a fim ba. In mutum zai mutu a labarinsa, sai dai a ji a wasiƙa. Da talabijin ta shigo gidaje, silimomin unguwa suka koma wurin ajiye motoci, shi kuma ya koma ɗaukar bukukuwan aure da tallan sabulu. A cikin shekarun nan ne ya sayi rikoda tasa ta kansa, mai kyau, mai jin ko numfashi. Duk bazara sai ya sa ta a jaka ya tafi Mani. Karo na farko ya ajiye ta a kan tebur ya durƙusa gaban uwarsa, yana mutum mai furfura a gefen kai.

"Wannan tana ji, Inna. Na rantse da kabarin Baba. Ki sake, ni da ƙafata zan kai shi duwatsun in kunna."

"Magana zarar bunu ce, auta," ta ce. "Ba tuwo ba ce da za a ɗumama."

Ta ɗauko tsumma ta rufe rikodar, ta ɗora kwanon burodi a kai. Duk shekara haka ake yi, har ya daina roƙo, amma bai daina kawowa ba.

Ta rasu cikin watan Fabrairu na 1979. Ya iso da safe, jakar tana rataye a kafaɗarsa don sabo. Stamata, wadda ita ma ta tsufa ta zama kamar uwar, ta tare shi a ƙofar gida.

"Me ke cikin jakar?"

"Yaya, ba don komai ba ne."

"Rataye ta a can, ka tsaya inda maza ke tsayawa. Kuma yau in ka yi ko tari, ni da kai har abada."

Ya rataye jakar a reshen ɓaure ya tsaya bakin ƙofa cikin maza, hula a hannu. Matan suka yi wa Kira Potitsa kuka ɗaya bayan ɗaya, kowacce ta nemi izini ta karɓa daga 'yar'uwarta. Da ma a wurinmu wanda ya mutu sabo shi ake ba saƙo ya kai wa waɗanda suka riga shi, a ce masa gaida wane, gaya wa wance 'yarta ta haihu. Da aka zo kan Stamata, sai ta dafa goshin uwarta.

"Inna, saƙonki bai tafi ba. Kin ba wa wanda bai kai ba. Ga shi mun riƙe miki, tunda can za ki, kai masa da kanki."

Cikin mata goma sha ɗayan nan, shida ne suka rage da rai, har da Stamata. Ashe kowacce ta riƙe abin da ta ji, suna bitarsa a bakin rijiya da wurin tsinkar zaitun sama da shekara goma sha biyar, ba wadda ta taɓa gaya masa. Stamata ta fara, inda ta tsaya wata ta ɗauka.

"Lias, ɗan farina, mai faɗin goshi,
ban wanke ka ba, ban rufe maka ido ba.
Wace ƙasa ce ta ci abin da na shayar,
ba ta ko aiko mini da maɓallin riga ba?
Ɓauren da ka dasa ya wuce soro,
maƙwabta ke ci, ni ban iya ba.
Stamata ta haifi namiji, an hana mu sunanka,
a ƙuryar ɗaki nake kiransa da shi."

Haka suka yi ta miƙa wa juna. Anestis yana jin kukan da aka yi wa yayansa kamar karo na farko, da muryoyin tsofaffi masu rawa. Ya ji yadda Lias ke cin albasa kamar tuffa, ya ji daren da ya tafi da takalmin ubansu, abubuwan da shi kansa ya manta. Mazan da ke gefensa sun sunkuyar da kai. Sai Stamata ta sake karɓa.

"Ga ƙanenka nan tsaye a kanka,
wanda kake goyawa zuwa rijiya.
Ya girma, Lias, da ka gan shi.
Anestis ɗina, shi kuwa..."

Ta yi shiru. Ya jira wata ta ɗauka, ba wadda ta ɗauka. Matan shida suna zaune baki a rufe, suna kaɗa jiki a hankali kamar kukan yana tafiya. Shirun ya yi tsawo har mazan suka fara ɗago kai, ɗaya bayan ɗaya, suna dubansa. Can wata tsohuwa ta ɗauka daga wani wuri daban, tana maganar dusar ƙanƙarar arewa, aka ci gaba har ƙarshe.

Bayan an rufe ta, an raba dafaffiyar alkama da gahawa, mutane sun watse, ya samu Stamata tana wanke kofuna a tsakar gida. Ya matsa kusa da ita.

"Yaya, wurin da kuka yi shiru. Kun ɓoye mini ne?"

"Ba mu ɓoye maka komai ba."

"To me ta ce a kaina?"

Stamata ta kife kofin da ke hannunta, ta goge hannu a zanenta.

"Mu shida mun tambayi juna har mun gaji," ta ce. "Biyar ɗin da suka mutu ma mun tambaye su. Ta yi magana mai tsawo a wurin, mun ga bakinta yana motsi, kuma kai take kallo. Amma ba wadda ta ji. Kai kake ihu."